TALAKA A GABAN KYAMARA: HAƘƘINKA NE, AMMA SHAIDA KAKE BAYARWA



A da, in ana muhawara a talabijin kan al'amuran ƙasa, manya kaɗai ake gani a kujera: minista, farfesa, ɗan majalisa. Yanzu an buɗe layin waya, an fita da kyamara kasuwa da tasha. Tun ranar 29 ga Mayu, 2023 da aka sanar da cire tallafin man fetur, ɗan adaidaita da mai kayan miya ma suna samun damar faɗa wa duniya halin da suke ciki.

Wasu na cewa talaka ya ja bakinsa, wannan ba huruminsa ba ne. Wannan magana ba ta da tushe a addini. Khaulatu bint Sa'alaba ba mai mulki ba ce. Mijinta Ausu bin Samit ne ya yi mata zihari, ta kai kuka wurin Manzon Allah (SAW), tana ta maimaita ƙorafinta, har Allah Ya saukar da farkon Suratul Mujadala a kanta. A Badar kuma, shekara ta 2 bayan Hijira, malaman sira sun kawo cewa Hubabu bin Munzir ya ga masaukin Musulmi bai dace da yaƙi ba. Sai da ya fara tambaya ko wahayi ne ko dabarar yaƙi, sannan ya kawo shawararsa, aka karɓa, aka matsa kusa da ruwa.

Su biyun nan, kowannensu abin da ya sani ya faɗa. To, nan fa gizo ke saƙar.

Ku tuna ƙazafin da aka yi wa Uwar Muminai A'isha (RA). Shugaban munafukai Abdullahi bin Ubayyu ne ya rura wutar, amma cikin waɗanda aka yi wa bulalar haddi har da Misɗahu, sahabin da ya halarci Badar. Bai ga komai ba. Ji ya yi, ya maimaita. Wannan a Madina ke nan, daga baki zuwa baki. Kai kuma minti biyun da aka ba ka, ana jin ka daga Kano har Maraɗi, kafin gari ya waye an yanko bidiyon yana yawo a WhatsApp. In ka gane ka yi kuskure, gida nawa za ka bi ka janye?

Don haka, ɗan uwa, in aka miƙo maka makirufo, faɗi abin da idonka ya gani. Nawa ka sayi kwanon masara bara, nawa ne bana? Asibitin garinku akwai magani ko babu? Gonarka tana nomuwa ko tsoron 'yan bindiga ya hana? Wannan ba farfesan da ya fi ka saninsa, ka faɗe shi ba tsoro. Amma "an ce wane ya sace biliyan kaza", wa ya ce? Suratul Hujurat ta umarce mu da bin diddigin labari, ta kuma hana izgili da jifa da munanan laƙabi. Laifin shugaba ɗaya kada ka ɗora wa ƙabilarsa ko yankinsa.

Ku kuma sojojin baka, da ake saka wa kati a waya ku bugo ku yabi aikin da ba a yi ba, ku ji tsoron Allah! Manzon Allah (SAW) yana kishingiɗe, da ya zo kan shaidar zur cikin manyan zunubai sai ya tashi zaune, ya yi ta nanatawa. Kuɗin zai ƙare kafin sati, maganar kuwa mala'iku sun rubuta.

Allah Ya ba mu ikon faɗin gaskiya, Ya ba shugabanninmu kunnen saurare, Ya tsare mana harsunanmu. Amin.