Mahaifa Da Sunan Da Allah Ya Ba Ta

 

Ya 'yan'uwa Musulmi, abin da ya jawo maganarmu ta wannan mako wata jana'iza ce da na halarta a Samaru kwanakin baya. Wani dattijo ne ya rasu, wanda ya shekara fiye da talatin yana zaune a nan. Maƙwabta sun cika, abokan aiki sun cika, amma da aka zauna karɓar gaisuwa ba a ga mutum ɗaya daga mahaifarsa ba. Da na tambaya sai aka ce mini ai shi da ƙanensa, ciki ɗaya, rabonsu da magana tun ranar da aka raba gonar ubansu, 'ya'yansa kuwa ko hanyar garin ba su sani ba. Tun daga ranar wannan kalma ta mahaifa ta tsaya mini a rai.

Bahaushe ya ɗauko ta daga haihuwa, ya ɗora ta a kan abubuwa uku. Jakar da ɗa ke kwanciya cikinta wata tara mahaifa ce. Mabiyiya, wadda ungozoma ke wankewa a binne a bayan ɗaki, ita ma akan kira ta mahaifa. Garin da aka haifi mutum, inda aka binne cibiyarsa, shi ma mahaifarsa ne. Watau a wurin kakanninmu tsokar da ta ɗauke ka da ƙasar da ta karɓe ka sunansu ɗaya.

Larabawa kuwa suna kiranta rahim, jam'inta arham, da wannan suna kuma suke kiran dangi da zumunci. Baƙaƙen asalin kalmar uku ne, ra da ha da mim, su ne kuma asalin rahama, da sunayen nan biyu na Ubangiji da muke ambata kowace Bisimilla, Arrahmanu da Arrahimu. Wannan kuwa ba dacewar baki ba ce kawai. Abu Dawuda da Tirmizi sun ruwaito hadisi ƙudusi daga Abdurrahman ɗan Aufu, wanda ya nuna Allah da kansa ne ya tsago wa mahaifa suna daga sunansa, ya kuma yi alkawarin sadar da wanda ya sadar da ita, da yanke wanda ya yanke ta. Duk wani Abdurrahman da Abdurrahim, duk wata Rahama da Ramatu da ke cikin gidajenmu, sunansu daga wannan tushe ya fito, ko da yake da yawa ba su sani ba.

Mai karatu ya duba kuma yadda masana nasabar Larabawa suka jera kabilu bisa gaɓoɓin jiki. Babban reshe su ce masa imara, watau ƙirji. Na ƙasa da shi baɗnu, ciki ke nan. Sa'an nan fakhizu, cinya. Sa'an nan fasila, ƙwauri. Da wannan lissafi Ƙuraishu ƙirji ne, Ƙusayyu ciki, Hashimu cinya, gidan Abbas ƙwauri. Shaƙiƙi ma, da muka ara daga wurinsu, ma'anarsa ɓarin da aka tsaga daga abu guda. Mu ma ba a bar mu a baya ba. Kalmar da ta fi kowace daɗi a bakinmu ita ce ɗan'uwa, asalinta kuwa ɗan uwa, wanda kuka kwanta ciki ɗaya, kuka sha nono ɗaya. Har muka faɗaɗa ta ta game kowane Musulmi. Amma ɗan'uba fa? Daga shi muka sami 'yan'ubanci, watau gasa da ƙyashi. A nan harshe ya tona asirin gidajenmu, gama shari'a ba ta san wannan gaba ba. Ɗan'uba ɗan'uwa ne, haƙƙin zumuncinsa na wuyanka, yana ma iya cin gadonka.

Me ya sa wannan magana ta shafi mutanen Sabon Gari da Samaru fiye da na cikin birni? Domin wuraren nan biyu tun asali mazaunin baƙi ne. Sabon Gari ya tashi ne bayan da hanyar jirgin ƙasa daga Baro zuwa Kano ta ratsa Zariya a 1911, ma'aikatan reluwe da 'yan kasuwa daga kudu da sauran sassa suka sauka. Samaru kuwa gonar gwajin noma da aka kafa a 1922 ce ta fara tara mata jama'a, sai Jami'ar Ahmadu Bello a 1962 ta ƙarasa. Wanda ya bi hanyar Sakkwato daga kasuwar Sabon Gari har ƙofar jami'a yana tambayar dattawa ina aka binne cibiyarsu, zai ji Katsina, Bida, Ilori, Biu, Yola, Maraɗi. Abinci ne ya kawo su, ba laifi. Laifin shi ne a zauna har nisan hanya ya koma nisan zuciya.

Alƙur'ani mai girma bai ɗauki abin da wasa ba. Ayar farko ta Suratun Nisa'i ta gwama tsoron Allah da kiyaye arham a wuri guda. Aya ta 22 da ta 23 na Suratu Muhammad sun haɗa yanke zumunci da ɓarna a bayan ƙasa, suka ambaci la'ana ga masu yinsa. Buhari da Muslim kuma sun ruwaito daga Jubairu ɗan Muɗ'imu cewa mai yankewa ba zai shiga Aljanna ba. Na san abin da za a ce: ai shi ya fara, ni na je sau biyu bai zo ba. To, hadisin Abdullahi ɗan Amru da ke cikin Buhari ya toshe wannan ƙofa, domin ya nuna mai rama ziyara da ziyara bai kai mai sada zumunci ba. Mai sadarwa shi ne wanda aka yanke masa ya ƙulla. Hausawa ma sun ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar.

Saura mas'ala guda wadda ake yawan tambayata a Sabon Gari, inda sau da yawa za ka tarar gida ɗaya wa Musulmi, ƙane Kirista, ko uwa na zuwa coci ɗanta na zuwa masallaci. Wasu samari, da zafin sabon karatu, sukan zaci addini ya umurce su da ƙaurace wa irin waɗannan dangi. Wannan kuskure ne babba. Asma'u 'yar Abubakar, Allah ya yarda da su, uwarta ta zo mata Madina alhali tana kan shirka, ta tambayi Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ko ta sadar da ita, ya ce ta sadar. Suratu Luƙman ta hana bin iyaye cikin shirka, amma cikin aya guda ta yi umurni a zauna da su a duniya da kyautatawa. Bambancin addini yana hana gado, wannan haka yake, amma bai hana gaisuwa ba, bai hana kyauta ba, bai hana jinya ba.

Game da wayar hannu, malamai sun ce sadarwa na bin al'ada da iko, saboda haka wanda hanya ta yi wa nisa ko guzuri ya gaza, kiran waya ya isar masa. Amma wanda ƙanensa ke Funtuwa ko Kaduna, ga mota a Kwangila safe da yamma, ni dai ban ga uzurinsa ba.

Mako mai zuwa, in Allah ya yarda, za mu duba kalmar hankali, da dangantakarta da igiyar da Balarabe ke dabaibaye raƙuminsa.