Alkawarin Da Aka Yanka Wa Ajali Mai Nisa

A shekarar 2015 ƙasashen duniya suka taru a birnin Faris na ƙasar Faransa, suka amince za su yi ƙoƙari kada zafin duniya ya ƙaru da fiye da digiri 1.5 bisa yadda yake kafin zamanin masana'antu. A 2018 kwamitin masana na Majalisar Ɗinkin Duniya ya fayyace abin da hakan yake bukata, wato a rage iskar kabon da ƙona fetur da gas da kwal ke fitarwa da kamar kashi 45 cikin 100 nan da 2030, in an kwatanta da 2010. Wajen 2050 kuma, abin da ake fitarwa kada ya wuce abin da ake kwashewa daga sararin sama.

Daga nan manyan kamfanoni suka yi ta rige-rigen ɗaukar alkawari. Ga misali kamfanin mai na BP da ke Ingila. A 2020 shugabansa, Bernard Looney, ya ce kamfanin zai cika sharaɗin nan na 2050, kuma zai rage haƙar mai da gas da kashi 40 cikin 100 nan da 2030. A watan Fabrairu na 2023, ranar da ya ba da sanarwar ribar da bai taɓa samun irinta ba, fiye da dala biliyan 27, kamfanin ya mai da arba'in ɗin nan ashirin da biyar. A Fabrairun 2025, ƙarƙashin sabon shugaba, aka jingine maganar rage haƙar, aka ƙara kuɗin da ake zubawa a harkar mai da gas.

To, shin wannan saɓa alkawari ne, ko kuwa sake shawara? Shugabannin kamfani suna da hujja, ba kuwa ta raini ba ce: dukiyar masu hannun jari amana ce a hannunsu, cikinsu har da asusun 'yan fansho, kuma duniya ba ta daina sayen mai ba. Amma fa amanar ba ɗaya ba ce. Da alkawarin nan aka sami yabo da yardar jama'a, an riga an ci moriyarsa. Waɗanda ake bi musu bashin kuwa, manomin da fari zai ƙone wa gona da jaririn da ba a haifa ba, ba su da kujera a taron masu hannun jari.

Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani mai girma, cikin Suratul Baƙara, a kan bashi ta sauka. Ta yi umurni a rubuta shi da ajalinsa, a kafa shaidu. Hikimar a fili take, domin mai cin bashi shi kaɗai ba ya zama alƙalin kansa. Shirin Science Based Targets, wanda aka kafa a 2015, wani abu mai kama da haka yake yi: kamfani ya kawo adadinsa, a auna shi da ma'aunin masana, a kuma ɗaure shi da wa'adi na kusa, shekara biyar zuwa goma, wanda zai iya cika tun masu alkawarin suna kan kujera. Sai dai shiga shirin ganin dama ne, ba shi kuma da ikon hukunta kowa, iyakarsa ya cire sunan kamfani daga jerinsa.

Looney ya sauka daga muƙaminsa a watan Satumba na 2023, saura shekara 27 ajalin da ya yanka ya cika.