Takardar Jabu da Takardar Gaskiya Marar Ilimi

Akwai tambayar da ba ta ƙarewa a shirye-shiryen fatawa na rediyo: mutum ya kama aiki da takardar jabu, ya yi shekaru yana karɓar albashi, kuma aikin ya iya shi, shin kuɗin nan halal ne? Malamai sun kasu biyu. Wasu suka ce muddin yana sauke nauyin da aka ɗora masa, albashi hakkin guminsa ne, sai dai ya tuba daga ƙaryar da ta shigar da shi. Wasu suka ce abin da aka gina a kan ha'inci ba ya tsarkaka sai an rushe shi. Ni ba mufti ba ne, tsohon malamin sakandare ne, amma na fi karkata ga na biyun.

Dalilina shi ne, mai buga takardar bogi ba a bakinsa kaɗai ƙaryar ta tsaya ba. Ga sa hannun magatakarda, ga hatimin jami'a, ga malaman da aka ce sun karantar da shi sun jarraba shi. Duk ya ari bakinsu ya ci musu albasa. Shaidar zur kuwa, hadisi ya jera ta tare da shirka da saɓa wa iyaye. Sannan akwai wanda ba a tunawa da shi, yaron da ya zo neman gurbin da takardarsa ta gaskiya, aka ce ya dawo wani jiƙon, yau yana tuƙa Adaidaita Sahu. Masu cewa "ai ya iya aikin" ba su taɓa tambayar wannan yaro ko ya yafe ba.

Abin takaici, dokar ƙasa ma ba ta nemi abu mai yawa ba. Sashe na 131 na tsarin mulkin 1999 karatun sakandare ko makamancinsa kawai ya nema daga mai son shugabancin Najeriya. Sashe na 137 ne ya ce wanda ya miƙa wa hukumar zaɓe takardar jabu ya fita daga takara. Salisu Buhari, kakakin majalisar wakilai a 1999, bai buƙaci digirin jabu na jami'ar Toronto ba kafin ya zama ɗan majalisa, son a sani ne. Shekarunsa ne matsalar, 29 yake, doka a lokacin tana neman 30, ya ce 36. Mujallar The News ta tona, ya sauka yana kuka, kotu ta ci shi tarar naira 2,000, daga baya Obasanjo ya yi masa afuwa. A Bayelsa kuma, ranar 13 ga Fabrairun 2020, ana gobe rantsuwa, Kotun Ƙoli ta soke nasarar David Lyon a zaɓen gwamna saboda takardun mataimakinsa. Laifin wani ya cinye kujerar wani.

Duk waɗannan masu sauƙi ne, domin alƙali yana da abin da zai duba. Wadda ke hana ni barci ita ce takardar da ba jabu ba ce, amma babu komai a bayanta. A ƙarshen 2023 Umar Audu, wakilin Daily Nigerian, ya nuna yadda ya sami digiri daga wata makaranta a Kwatano cikin mako 6 ba tare da ya zauna a aji ba, har ya shiga bautar ƙasa da shi. Gwamnati ta dakatar da tantance digirin Benin da Togo, aka yi ta tofin Allah tsine.

To namu na gida fa? Na taɓa sa ido a ɗakin jarrabawar kammala sakandare a wata makaranta. Ana raba takardun lissafi sai wani malami ya shigo da alli a hannu, ya hau rubuta amsa a allo, mai gadi na tsaye a bakin ƙofa yana leƙen hanya. Iyaye ne suka haɗa kuɗin, cikinsu har da waɗanda ba sa rasa sahun farko a masallaci. Da na yi magana, shugaban makarantar ya ja ni gefe ya ce, "Malam, ka rufa mana asiri, taimakon yara ne."

Takardun yaran nan na gaske ne, da lamba da hoto da hatimi. In an kai ɗaya gaban alƙali, zai sa a tambayi hukumar jarrabawa, hukumar ta buɗe kundinta ta ce tabbas tata ce, a kori ƙara.