Abarta: Sunan Da Yake Roƙo

Gabatarwa

Hausawa na cewa suna linzami ne. Abin da suke nufi a fili shi ne, da suna ake juyo da mutum ko da ya yi nisa, kamar yadda mahayi ke juya doki. Amma karin maganar na ɗauke da wata tambaya da ta fi wannan nauyi: shin linzamin nan kiran mutum kawai ake yi da shi, ko kuwa har halinsa da makomarsa yake ja? Domin neman amsa, wannan maƙala za ta tsaya kan suna guda na ɗiya mace, wanda a yau da wuya a ji an kira shi a bakin rijiya, ko a gan shi cikin rajistar makaranta, a Ibohamane ko a sauran garuruwan Adar. Sunan shi ne Abarta.

Ma'anar sunan

Ba sai an buɗe ƙamus ba kafin a gane Abarta, domin jimla ce cikakkiya aka dunƙule ta zama suna: a bar ta. Takwaransa na namiji shi ne Abarshi. Sai dai gajartar jimlar ba ta hana ta zurfi ba, kuma zurfin yana wurare biyu.

Na farko shi ne wannan ƙaramin «a» da ya buɗe ta. Lamiri ne da ba ya bayyana mai aikatawa, ɗan'uwan «on» na Faransanci, amma a bakin Bahaushe ya fi shi aiki, don da shi ake ladabi. Ba a ce wa babba «ka yi haƙuri», sai dai «a yi haƙuri». Da shi kuma ake kauce wa ambaton abin tsoro, kamar yadda ake ce wa maciji igiyar ƙasa. Uwar da ta ce «a bar ta» ba ta faɗi wanda take roƙo ba. Mai yiwuwa Ubangiji take nufi, mai yiwuwa mutuwa, mai yiwuwa maye ko iska ko bakin mutane. Ta bar ƙofar a buɗe, duk mai hannu a cikin al'amarin ya ji.

Na biyu shi ne aikatau «bari», wanda yake da fuska biyu. Idan aka ce «bar mini shi», ana nufin kada a ɗauke shi, ina son abina. Idan kuwa aka ce «bar shi can», ana nufin a yi watsi da shi, ba shi da amfani. Kalma ɗaya ce ke ɗauke da riƙo da kuma saki. Mai karatu ya riƙe wannan, za mu komo kansa.

Asalin sunan

Abarta ba sunan yanka ba ne. Sunan yanka shi ne wanda ake raɗa wa jariri ranar bakwai, liman ya yi addu'a, a yanka rago, wanzami ya yi aski, kuma galibi daga sunayen Musulunci ake ɗauko shi. Bayansa akwai laƙabi, wanda kaka ko gwaggo ko ita uwar kan liƙa wa yaro, ya bi shi har ya danne na yankan. Laƙabi tarihin haihuwa yake bayarwa: Ladi da Talatu da Jummai sun faɗi rana, Azumi ta faɗi wata, Marka ta faɗi tsakiyar damina, Kande ta faɗi cewa maza ta biyo, Auta kuma ta rufe ƙofa.

Shi Abarta daga cikin sunayen wabi yake. Wabi shi ne a yi ta haihuwa ƴaƴan suna komawa tun suna ƙanana. Matar da ta binne biyu, ta binne uku, idan ta sake samun haihuwa ba ta da ƙarfin guɗa, sai dabara da roƙo. Don haka sunayen wabi suka kasu gida biyu. Akwai na ɓad da kama, inda ake nuna kamar ba a damu da jaririn ba, don abin da ke ɗauke ƴaƴan ya raina shi ya wuce: Ajuji, wanda akan ajiye bisa juji na ɗan lokaci kafin a ɗauko shi, da Ayashe, da Ajefas. Akwai kuma na roƙo a fili, irin su Barmani, sunan da shahararriyar mawaƙiyar amada ta Funtuwa, Barmani Coge, wadda ta rasu a 2013, ta yaɗa a duk ƙasar Hausa. Abarta na tsaye a tsakanin gidajen biyu. Wanda ya so ya ji shi a matsayin «a bar mana ita», wanda ya so ya ji «a ƙyale ta, ba kowa ba ce». Uwa ta yi jifa ɗaya da nufi biyu.

Wannan ba al'adar Hausawa kaɗai ba ce. Yarabawa na da Malomo, wato kada ka sake tafiya. A littafin Chinua Achebe na 1958, Things Fall Apart, akwai matar da ƴaƴanta suka yi ta mutuwa, tana ba su sunayen da ke roƙon mutuwa, daga baya suka koma na ƙalubalantar ta. Marubuciyar Senegal Mariètou Mbaye ta zaɓi sa hannu a littattafanta da Ken Bugul, sunan wabi na Wolof mai nufin «ba mai so». Duk inda ƙananan kaburbura suka yi yawa, harshe kan ƙirƙiro irin waɗannan sunaye.

A ƙasarmu kuwa sun yi yawa ƙwarai. Binciken lafiyar al'umma da aka yi a Nijar a 1992 ya nuna cewa cikin yara 1000 da aka haifa da rai, 318 ba su kai shekara biyar ba, wato kusan ɗaya cikin uku. A 1998 adadin ya sauko 274, a 2006 ya zama 198, a 2012 kuma 127. Rigakafi, da gidan sauro, da ƙananan ɗakunan shan magani na karkara, da kula da yara ƴan ƙasa da shekara biyar kyauta da aka ƙaddamar a 2006, duk sun taimaka. Wanda ya san yadda fari na 1973 da na 1984 suka yi wa Adar, ya san cewa sunan Abarta ba daga camfi kawai ya fito ba. Daga lissafi ya fito, irin wanda uwa ke yi da yatsun hannunta.

Me ya sa sunan ya yi wuya?

Dalili na farko abin farin ciki ne: wabi ya ragu, don haka roƙon ya ragu. Na biyu shi ne wa'azin malamai, waɗanda ke ganin ƙoƙarin ɓad da kama ga mutuwa ya saɓa wa imani da ƙaddara. Maganarsu tana da tushe game da ajiye jariri bisa juji. Amma game da Abarta ana iya cewa bawa ne ke roƙo, roƙo kuwa ba ya warware tawakkali. Na uku shi ne kunya. Iyaye na gudun abin da suke kira sunan ƙauye, sun fi son wanda suka ji a talabijin ko a fim, ko da ba su san ma'anarsa ba.

Akwai dalili na huɗu da ba a cika lura da shi ba. Abarshi bai ɓace ba. Duk wanda ya saba duba takardun makaranta ko na gwamnati a Nijar ya sha cin karo da shi, an rubuta shi «Abarchi» bisa ƙa'idar Faransanci. Abin da ya raya shi shi ne, a takardar haihuwa da rajistar aji sunan uba ne ke bin na yaro, har ya kai ga jikoki. Sunan uwa kuwa ba ya bin kowa. Ga kunya da ke hana ɗa faɗin sunan mahaifiyarsa, ga al'adar kiran mace da sunan ɗanta ko da Inna ko Hajiya. Ta haka Abarshi ya zama sunan gida, Abarta kuwa aka binne shi tare da mai shi. Roƙo ɗaya aka yi wa namiji da mace, amma takarda ta adana na ɗaya ta zubar da na ɗaya.

Ko suna na yin hali?

Tambayar tsohuwa ce. A littafinsa Cratylus, Aflatun ya sa mutane biyu suna jayayya: ɗaya na cewa suna na bayyana ainihin abu, ɗaya na cewa yarjejeniya ce kawai ta masu magana. Masanin harshe Ferdinand de Saussure, a darussansa da aka buga a 1916, ya tsaya kan cewa babu wata alaƙa ta dole tsakanin sautin kalma da abin da take nufi. A gefe guda kuma, Buhari ya ruwaito cewa Manzon Allah (SAW) ya so ya canza wa wani sahabi sunansa Hazn, mai nufin tsauri, zuwa Sahl, mai nufin sauƙi. Mutumin ya ƙi saboda sunan da mahaifinsa ya sa masa ne, jikansa Sa'id ɗan Musayyab kuma ya ce tsaurin bai rabu da zuriyarsu ba.

Akwai wani bincike da ke haɗa ɓangarorin biyu. A 1954 masanin halayyar ɗan Adam Gustav Jahoda ya duba takardun kotun yara a ƙasar Asante ta Gana. Mutanen can sun yi imani cewa Kwadwo, haihuwar Litinin, mai sanyin hali ne, Kwaku kuwa, haihuwar Laraba, mafaɗaci ne. Sai ya tarar masu suna Kwaku sun fi yawa cikin waɗanda aka gurfanar kan faɗa, masu suna Kwadwo kuwa ba su da yawa a kotun. Ba Laraba ce ta yi faɗan ba. Yaron da aka yi ta gaya wa tun yana goye cewa shi mafaɗaci ne, zai girma ya cika maganar.

Haka abin yake ga ɗiyar wabi. An san ta da shagwaɓa da taurin kai, har akan ce ba a iya mata. To yaya ba za ta yi ba? Ba a dukanta, ba a yi mata tsawa, idan ta yi atishawa gida ya tashi. Wani lokaci kuma akasin haka ke faruwa: ta tashi da nauyin ƴan'uwan da ba ta sani ba bisa kanta, ta zama mai zurfin ciki, mai jin cewa dole ta biya bashin rayuwar da aka bar mata. Duka halayen biyu daga mutanen gida suka fito. Suna linzami ne, gaskiya ne, amma linzami ba ya jan kansa, sai da hannun da ya riƙe shi.

Yau wa ake roƙo?

A nan ne tambayar ta zama ta ɗabi'a. Da can, wanda ke ɓoye cikin «a» na Abarta abu ne da ya fi ƙarfin iyaye. Yau yara da yawa na tsallake shekara biyar, amma abin da ke ɗauke ɗiya mace daga hanyarta bai ƙare ba, hannu kawai ya sake. Binciken 2012 ya nuna cewa kashi 76 cikin ɗari na matan Nijar masu shekara 20 zuwa 24 an aurar da su kafin su kai 18. A Disamba 2017 gwamnati ta fitar da doka ta kare karatun ɗiya mace, amma kowane malamin koleji na karkara ya san yadda kujerun ƴan mata ke raguwa daga ajin farko zuwa ajin jarrabawa. Wannan ba aikin ƙyanda ba ne, ba kuma na maye ba. Shawara ce da ake yankewa a zaure.

Ga fuska biyun «bari» sun komo. Ana iya barin yarinya ta hanyar ba ta dama: a bar ta ta gama karatu, a bar ta jikinta ya yi ƙwari kafin ta ɗauki ciki, a bar ta ta faɗi ra'ayinta kan wanda za ta aura. Ana kuma iya barinta ta hanyar sakaci: a bar ta da talla, a bar ta ba takardar haihuwa, a ce ai mace ce, gidan wani za ta. Duka biyun «a bar ta» ne a baki. Kuma ya kamata a tuna cewa aurar da yarinyar da ba ta ƙosa ba na daga cikin abin da ke jawo mutuwar jarirai, wato bari na biyu shi ke sake haifar da wabin da sunan ya fito daga ciki.

Mutanen Adar sun ga abin da mace ke iyawa idan ta tsira. Lokacin da aikin raya karkara na Keita ya fara a 1984, da taimakon Italiya da hukumar abinci da noma ta Majalisar Ɗinkin Duniya, maza da yawa sun tafi cin rani. Mata ne mafi yawan waɗanda suka ɗauki duwatsu a ka, suka jera su bisa fako don tare ruwa, suka dasa miliyoyin itatuwa. An haife su ne a zamanin da kusan kashi ɗaya cikin uku na tsararsu ba su yi rai ba. Su ne waɗanda aka bari, ƙasar kuma ta ci moriyarsu.

Kammalawa

Ba a kira ga kowa da ya sa wa ɗiyarsa Abarta. Ba mai fatan abin da ke kawo sunan ya faɗo gidansa. Abin da ya rataya a wuyan malamai da ƙungiyoyin al'adu shi ne abu uku. Su bi tsofaffin mata na Ibohamane da Keita da Buza da Madawa, su rubuta laƙabinsu da dalilin kowane, tun suna da rai, domin ba wata takarda da ta adana su. Su rubuta sunayen bisa ƙa'idar Hausa, don ma'anar ta fito ga mai karatu. Idan kuma aka sami ɗaliba mai irin wannan suna a aji, kada a bari ya zama abin dariya. A rubuta shi a allo, a rarraba shi kalma kalma, a tambayi ɗalibai wa suke jin ake roƙo, sa'annan a saurari abin da ƴan matan za su ce.