Hukuncin Jinyar Kare Kafin Tiyata da Bayanta

Tambaya: Wani manomin albasa daga Aliero yana da kare mai gadin rumbunsa. Mota ta buge karen a kan hanyar Jega, cinya ta tsage, likitan dabbobi ya ce sai an yi masa aiki, kuma kada a ba shi abinci tun daga dare. Maƙwabta suka ce kashe kuɗi kan kare almubazzaranci ne, taɓa shi yana ɓata tsarki, hana shi abinci kuma zalunci ne. Ina gaskiyar take?

Amsa: Da sunan Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa. Karen mai tambaya yana cikin waɗanda shari'a ta yarda a ajiye, wato na gona da na kiwo da na farauta, kamar yadda ya zo a Bukhari da Muslim. Hukuncinsa ɗaya da na karen mafaraucin Maiyama da na karen makiyayin da ke fadamar Jega. Gadin gida ne aka yi saɓani a kansa, amma masu sharhin Risala sun kawo cewa marubucinta, Ibnu Abi Zaid na Ƙairawan, wanda ya rasu a shekara ta 386 bayan Hijira, shi kansa ya ajiye kare lokacin da katangar gidansa ta faɗi.

Wanda ya ajiye dabba, cinta da shanta suna wuyansa. Magani kuwa kyautatawa ce mai lada. Muwaɗɗa ta Imam Malik ta kawo labarin mutumin da ya shiga rijiya ya ɗebo ruwa da takalminsa ya shayar da kare, Allah Ya gafarta masa. Wancan kare bai taɓa yi masa gadin komai ba, balle wanda ya sha raɓar hunturu a bakin rumbu.

Batun tsarki mai sauƙi ne. A mazhabar Malikiyya kare mai rai tsarkakakke ne, jikinsa da yawunsa, kuma taɓa shi ba ya karya alwala. Shafi'awa da Hambalawa suna ganin najasarsa, kuma ba a zargin wanda ya bi su. Jinin da ya kwarara da ruwan ciwo su ne najasa: idan sun taɓa riga sai a wanke kafin salla.

Maganar yunwa ce ta fi buƙatar tsayawa. Maƙwabtan suna tuna hadisin matar da ta shiga wuta saboda kyanwar da ta tsare har ta mutu, amma ƙiyasin bai hau ba. Ita ta hana abinci ne ba don wata maslaha ba. A nan kuwa allurar barci tana kashe ƙarfin haɗiya, kare mai cikakken ciki zai iya yin amai, aman ya gangara huhu ya halaka shi. Shi ya sa likitoci ke cewa a ɗauke kwano na wasu awanni, galibi daga dare zuwa safe, su rage wa ɗan kwikwiyo lokacin. Wanda tausayi ya sa ya jefa masa sauran tuwo da asuba ya cuce shi, kuma wajibi ne ya faɗa wa likita gaskiya. Ruwa kuma a tambayi likita yaushe za a janye.

Bayan aiki, a kwantar da karen a inuwa kan busasshen buhu, nesa da yara da sauran karnuka. Kada a ɗura masa ruwa yana cikin magagi. Mutanen Aliero, garin da ake yi wa tattaki daga nesa don ɗorin karaya, ba sa buƙatar a koya musu cewa motsi ne ke ɓata aiki. A ɗaure shi da gajeriyar igiya, a sa masa abin wuya mai hana shi lasar ɗinki, a kore ƙuda don kada tsutsa ta shiga. Ba toka, ba baƙin mai, ba wanka, har a warware zare bayan kwana 10 zuwa 14. Idan wurin ya kumbura, ko yana wari, ko kare ya ƙi ci, a koma wurin likita. Idan abin ya fi ƙarfin asibitin kusa, akwai Asibitin Koyarwa na Dabbobi na Jami'ar Usmanu Danfodiyo a Sakkwato.

Kada a ba shi maganin ciwon jiki na mutane daga kemis, irin su ibuprofen da diclofenac, domin suna gyambata masa ciki su lalata ƙoda. Sannan, tun da mai tambaya ɗan Aliero ne, ya sani albasa guba ce ga kare, ɗanya ko dafaffiya, tana fasa masa ƙwayoyin jini. Romon da aka cika da ita ba abincin jinyarsa ba ne.

Kare mai jin zafi yakan ciji ko da uban gidansa ne. A ɗaure masa baki kafin a duba ciwon. Wanda karen ya ciza ya wanke wurin da ruwa da sabulu na minti 15, ya tafi asibiti a ranar saboda ciwon haukan kare.

Idan kuɗin aikin zai taɓa abincin iyali, iyali ne a gaba, sai mai karen ya nemi likita ya yi masa abin da zai iya biya. Allah ne Mafi sani.