Idan Ƙasa Ta Ƙi Tsayawa Wuri Ɗaya

Bari mu ƙaga wata ƙasa a zuci, mu sa mata suna Ba-Tabbas. A can, hanyar da ta kai ka kasuwa jiya, yau makabarta za ta kai ka. Kogi yakan gangara gabas da safe, ya juya yamma da la'asar. Gonaki kuma suna jan ciki da dare, har manomi ya wayi gari ya tarar gonarsa ta koma bayan gidan wani. Mai zanen taswira ya fi kowa talauci a ƙasar, gama kafin tawadarsa ta bushe aikinsa ya zama ƙarya.

Ga tambayar da ke gabanmu: a ƙasa irin wannan, akwai sauran gaskiya da ƙarya? Idan iyaka ba ta tsayawa, ana iya kiran wani ɓarawo?

Kada mai karatu ya ce tatsuniya ce kawai. A shekara ta 1963 faɗin Tafkin Chadi ya kai wajen murabba'in kilomita 25,000, amma a tsakiyar shekarun 1980 abin da ya rage bai kai kashi ɗaya cikin goma ba. Masunta daga Nijeriya suka yi ta bin ruwa yana ja da baya, suka kafa ƙauyuka irin su Darak, sai a shekara ta 2002 Kotun Duniya ta yanke cewa wurin na Kamaru ne. A gabashin Nijar ma tudun rairayi yakan taso ya binne rijiya da gona. Ashe wani yanki na Ba-Tabbas yana kusa da mu.

To, mu koma can. Wani mutum ya tashi da safe, ya ga gero ya nuna cikin shingensa, alhali shi wake ya shuka. Alƙali ba zai iya raba gardamar ba, domin shaidar iyaka ta yi tafiyarta. Wani zai ce, ai sai ya girbe, rabonsa ne ya zo masa har gida. Amma mutumin nan ya san hannun da ya shuka geron. Ya san wanda ya yi noman fari da maimai cikin rana. Ƙasa ta motsa, amma abin da ya faru ya riga ya faru, ba kuwa girgizar da za ta mai da gumin wani ya zama nasa. Idan ya girbe ya yi shiru, ɓarawo ne, ko da duk taswirar duniya ta goyi bayansa.

Daga nan muke gane cewa laifi ba ya wajen ƙasa. Masuntan da suka bi ruwa abincinsu suke nema, ba su zalunci kowa ba. Laifi yana wajen mai fakewa da motsin ƙasa domin ya motsa harshensa.

Littafi Mai Tsarki ya san halinmu sarai. A Maimaitawar Shari'a 19:14 da Karin Magana 22:28 an hana kawar da shaidar iyaka. Duwatsu ba su da ƙafa. Me ya sa aka kafa doka a kansu? Domin mutum ne yake ba su ƙafa. A 1 Sarakuna 21, gonar inabin Nabot ba ta gusa ko taƙi ɗaya ba. Yezebel ce ta samo shaidun ƙarya, aka jajjefe shi, gonar ta koma hannun Ahab. Mutum biyu masu rantsuwar ƙarya sun isa su mai da gari ya zama Ba-Tabbas.

Haka yake a ƙauyukanmu. Gambar da aka dasa a iyakar gonar gwauruwa takan matsa kaɗan kaɗan kowace damina. Burtalin da kakanni suka bar wa shanu yana ta ƙanƙancewa, har ran da za a zub da jini. Ran da aka kira dattijon ikkilisiya shaida gaban hakimi, kuma mai cin iyakar ɗan'uwansa ne a bangaskiya, gwauruwar kuwa ba Kirista ba ce, me zai faɗa?

A hamadar Tenere akwai wata itaciyar ƙaya da ta tsaya ita kaɗai, ayarin gishiri tsakanin Agadas da Bilma suna gane hanya da ita, har aka sa ta a taswira. A shekara ta 1973 mota ta buge ta, aka kai gungumenta gidan tarihi na Yamai. Duk da haka madugai ba su ɓace ba, gama sun san taurari, waɗanda iska ba ta kwashewa, mota kuma ba ta bugewa. Mai tafiya cikin ƙasa mai motsi dole ya ɗaura idonsa ga abin da yake bisa ƙasar.

Ibrahim ya zauna cikin alfarwai dukan kwanakin baƙuncinsa, amma Ibraniyawa 11 ta nuna zuciyarsa tana kan birnin da Allah ne ya kafa harsashinsa. Allahnmu ba ya sake magana. Saboda haka ne Yesu Almasihu, a Matiyu 5:37, ya umarce mu mu tsaya kan kalma ɗaya ba tare da rantse-rantse ba.

Ɗan'uwa, ba ka da ikon hana tafki ja da baya, ko ka tsai da rairayi. Amma kana da iko a kan bakinka. Idan a gari akwai mutum ɗaya wanda kowa ya san maganarsa ta jiya ita ce ta yau, matalauta sun sami inda za su jingina. Ubangiji ya sa a same mu haka. Amin.