Tabo da Barci: Tunani a kan Fim ɗin "Zinder"

Hausawa na cewa wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Karin maganar ya faɗi ciwon, amma bai faɗi ranar da gudun ke ƙarewa ba. Tambayar da ta dame ni ke nan bayan na kalli "Zinder", fim ɗin da Aisha Maki, ƴar Damagaram, ta fitar a shekarar 2021 a kan unguwar Kara-Kara.

Asalin unguwar matsugunin kutare ne, waɗanda gari ya tura gefe. A can matasa suka kafa ƙungiyoyin da ake kira "pale". Muna ganinsu suna ɗaga ƙarfe, ƙwanji na kumbura. Sai kyamara ta tsaya a kan fata, ta daɗe: nan sawun wuƙa, can sawun adda, mai tabon yana faɗin yadda ya same shi. A nan na fahimci cewa ƙwanjin ganuwa ce da mai tsoro ya gina wa kansa. Wanda gari ke tsoro, shi ma da ido ɗaya yake kwana.

Ganuwa tana iya tare maƙiyi, amma mai ita bai daina jiran zuwansa ba. Shi ya sa nake raba tsaro da aminci. Tsaro ƙarfi na iya samar da shi. Aminci kuwa sai an sami mutumin da za ka juya wa baya ba tare da gabanka ya faɗi ba. A cikin fim ɗin akwai tsohon shugaban pale da ya koma tuƙin kabu-kabu, abin da ya aikata yana bin sa. Ban ce an yafe masa ba, waɗanda ya cuta ne ke da wannan magana. Amma sana'arsa ta ba ni mamaki: kullum sai ya ba baƙo bayansa.

Mu a Gure, hanyar Difa ta ratsa mu, kuma tun hare-haren Boso da Difa na watan Fabrairun 2015 mun ga masu gudu. Na koyar da wani yaro daga can wanda ba ya zama sai kusa da ƙofa. Ban taɓa tayar da shi ba. Sai a shekara ta biyu, wata safiya, na same shi a tsakiyar aji, wani abokinsa na zaune a bayansa yana jan rigarsa, shi kuma bai ko waiwaya ba.